Gadar da Yaya Ya Ce Ta Karye

Daga cikin jirgi, Litinin, 3 ga wata

Auta,

Gaisuwa mai tarin yawa daga tsakiyar ruwa. Ina fatan takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya jikin Baba? Hannun hagun nan yana ƙara saki kuwa? Ni lafiyata ƙalau, ban da ƙarar inji da ta kusa mayar da ni kurma, da mai dafa mana abinci wanda na tabbata gaba yake yi da gishiri.

Na samu saƙonki cewa tsohuwar kwamfutar Baba ta mutu, kun sayi wata, mai gyara kuma ya ceto fayilolin kafin faifan ya ƙarasa lalacewa. Allah ya saka masa da alheri. Amma na damu da kika ce kwana tara ke nan Baba bai taɓa sitiyari ba. Kin dai san tun da shanyewar ɓarin jiki ta sauke shi daga babbar mota, wasan tuƙin nan ne kaɗai ke fito da shi daga ɗaki. Likita da bakinsa ya ce juya sitiyarin ya fi matsa ƙwallon roba amfani. Nan babu layin waya, kwale-kwalen da ke kawo mana kaya kuma sai bayan mako biyu yake zuwa ya kwashi wasiƙu, ofis su ɗauki hotonsu su tura miki. Don haka ki buɗe ido ki bi abin da zan rubuta ɗaya bayan ɗaya. Kada ki yi mini irin ta shagon ɗinkinki, inda mace za ta kawo yadi ta ce riga take so, ki ce mata ai siket ya fi dacewa da ita.

Wasan shi kaɗai bai isa ba. Akwai ƙare-ƙare da na ɗora masa, su ake kira mod. Wani ya kawo ƙarin hanyoyi da garuruwa, wani ya kawo kukan inji irin na tsohuwar motar Baba, wani kuma fentin shuɗi mai ratsin rawaya ne da na zana da hannuna. Duka-duka goma sha bakwai ne. Manhajar da ke riƙe su tana jera su, ita ake kira manaja. Ki fara saka wasan, ki buɗe shi sau ɗaya ki rufe. Sannan ki saka manajan, ki nuna masa foldar da wasan yake. Zai ce ki buɗe furofayil, wato kamar aljihun tebur ne da zai riƙe jerin mod ɗin. A wajen za ki ga wani ɗan akwati da ke tambaya ko a riƙa adana ajiyar wasa cikin furofayil. Ki sa masa maki. Daga nan ki kwashe ajiyar Baba daga inda mai gyara ya zuba ta, ki mayar da ita can ciki. Ajiyar nan ita ce komai, motocinsa shida, garejinsa, da duk hanyar da ya taka cikin shekara uku.

Sai jeri. Na rubuta shi a bayan takardar nan da lamba-lamba. Idan mod biyu suka yi karo, na ƙasa ne ke danne na sama, saboda haka kada ki motsa ko ɗaya daga inda na sa shi. Wata biyu cur na yi ina tsara shi.

Abu na ƙarshe, babbar gadar nan ta bayan matatar mai. Kada ki bar Baba ya hau ta. Ta karye a cikin wasan, masu shi ba su gyara ba, da mota ta kai tsakiyarta sai komai ya ɗauke. Shi ma ya sani, ta hanyar duwatsu yake zagayawa.

Ki ce masa makanikensa yana gaishe shi, kuma ya rage gudu a kwana.

Yayanki

*

Daga gida, Alhamis, 13 ga wata

Yaya,

Takardarka ta iso, mun gode Allah da kake lafiya. Mu ma lafiya lau, ƙaramar ce ta yi mura amma ta warware. Baba jiki da sauƙi sosai, jiya da kansa ya ɗauki kofin shayi da hagu bai zubar ba. Zancen gishiri kuwa ka yi haƙuri, ko ba komai hawan jini ba zai kama ka ba.

Na ture yadudduka daga teburin yanka na ɗora kwamfutar, na kafa takardarka a jikin keken ɗinki. Wuni biyu na yi. Da fari manajan ya ce bai ga wasan ba, ashe mai gyara a wata folda daban ya saka shi. Maigidana ya zo zai taimaka, ya karanta layi biyu ya ce kansa na ciwo, ya koma makin jarrabawar ɗalibansa. Na dai lallaɓa na buɗe furofayil, na sa makin da ka ce, na kwashe ajiyar Baba na zuba ciki, na jera goma sha bakwai ɗinka yadda ka rubuta. Wasan ya tashi. Da Baba ya ji kukan injin daga ɗaki, ko sanda bai tsaya ɗauka ba.

To ga inda za ka yi mini faɗa. A gefen lamba huɗu da lamba goma sha ɗaya na ga wata jar alama. Na taɓa ta, sai manajan ya nuna mini cewa su biyun suna rigima a kan fayiloli iri ɗaya, kuma duk sunayen fayilolin na gada ne. Ka san ni da bin diddigi. Na je shafin mutumin da ya yi mod ɗin hanyoyi, na karanta har ƙasa, can ƙarshe ya rubuta cewa duk mai amfani da su biyun sai ya ɗauki wani ɗan ƙaramin fayil na haɗi ya sa shi a ƙarshen jeri, ya kuma sauko da na hanyoyi ƙasa da ɗayan. Abin ya yi mini kama da wanda ya ɗinka hannun riga kafin ya haɗa kafaɗa. Na ɗauko fayil ɗin, na ja lamba huɗu na sauke ta ƙarƙashin goma sha ɗaya. Jar alamar ta ɓace.

Washegari da hantsi Baba ya ɗauko lodin katako, ya zo kwanar matatar mai zai karkata hanyar duwatsu. Na ce, “Baba, miƙe.”

Ya ce, “Yayanki ya ce ta karye.”

Na ce, “Miƙe dai mu gani.”

Ya sa giya ta biyu, ya hau a hankali kamar mai taka ƙwai. Muka kai tsakiya. Muka wuce! Yaya, ashe duniya guda ce a bayan gadar nan. Gonaki, tashar jiragen ruwa, wani gari mai fitilu a bakin teku. Baba ya danna oda sau uku, har maƙwabciyarmu ta leƙo ta taga tana tambaya ko lafiya. Ya yi ta dariya yana share ido da bayan hannu. Tun ranar sunana ya tashi daga Auta ya koma Injiniya. Ya kira tsohon abokinsa mai faci ya zo ya gani, yana ce masa, “Gadar da ta gagara shekara uku, yarinyar nan ta gyara ta tsakanin yanka da ɗinki.”

Ba zan ɓoye maka ba, abin ya yi mini daɗi. Shekara uku ni ce kai shi asibiti, ni ce jera magani, ni ce wanki, amma da an zauna hira sai ka ji Baba yana makanikena ya ce, makanikena ya yi. Ka bar ni ni ma in ɗan ɗana.

Ka kwantar da hankalinka game da shi. Makon nan ko sau ɗaya bai tambayi yaushe za ka dawo ba, hanya ta ɗauke masa hankali gaba ɗaya.

Ƙanwarka

*

Daga cikin jirgi, Litinin, 17 ga wata

Auta, ko in ce Injiniya,

Ina gaida kowa. Na ji daɗin labarin kofin shayi. Ni ina nan yadda kika sani, cikin baƙin mai da zufa, a wurin da injiniyoyin gaske suke aiki. Kwale-kwale na sauke kaya, awa biyu kawai gare ni, don haka ba zan tsawaita ba.

Sau uku na karanta takardarki. Abu ɗaya na roƙe ki, kada ki motsa jerin, shi ne kuma abin da kika fara yi. Wuni biyu kika yi a gaban manaja har kin zama mai gyara wa mutane aiki. Wanda ya riga ka barci dole ya riga ka tashi, Auta. Wa ya ɗaure sitiyarin nan a tebur? Wa ya zauna da Baba lokacin da ko riƙe shi ba ya iyawa, yana ɗora masa hannu yana zamewa? Wa ya zana fentin motar daga tsohon hoto, ratsi bayan ratsi? A lokacin ke ce mai cewa mun mayar da falo tashar mota. Yanzu har da kiran mai faci ya zo kallo, a gaya masa gada ta gagare ni.

Na kuma gode da kika sanar da ni cewa Baba ya daina tambayata. Ban san sai an rubuta wa mutum irin wannan a takarda an aiko masa har tsakiyar teku ba. Na gane saƙon. Wanda ba ya nan, ba ya nan.

Yanzu ki saurara, don wannan ya fi ƙarfin wasa. Ƙananan fayilolin haɗin nan da ake tsinta a shafukan mutane ba abin yarda ba ne. Suna aiki mako biyu ko uku, a hankali suna cin ajiya ta ciki kamar gara, wata rana a wayi gari ta ƙi buɗewa. Na sha gani. Kina tsammanin ban san da shi ba ne? Da gangan na bar shi. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. In motocin Baba suka salwanta saboda gadarki, ki san abin da za ki gaya masa.

Ga abin da za ki yi da zarar kin ga wannan. Cire fayil ɗin kawai ba zai wadatar ba, don ya riga ya bar ɓurɓushi. Ki goge furofayil ɗin nan naki gaba ɗaya, ki buɗe sabo, ki jera goma sha bakwai yadda suke a bayan takardata ta farko, ba ƙari ba ragi. Baba ya koma hanyar duwatsu, shekara uku yana bin ta bai mutu ba. In na dawo zan duba maganar gadar da kaina.

Yayanki

*

Daga cikin jirgi, Litinin ɗin dai, da la'asar

Auta,

Don girman Allah kada ki goge furofayil ɗin. Kada ki taɓa shi. Ajiyar Baba tana cikinsa, ni da kaina na sa ki zuba ta can, kuma babu wata a ko'ina. In kika goge shi, da ita zai tafi.

Ina tsaye a gaban inji ina duba mai abin ya faɗo mini. Na hau sama da gudu, kwale-kwalen ya riga ya zama ɗigo a kan ruwa. Na roƙi kyaftin ya bar ni in yi amfani da rediyo, ya tambaye ni wa ya mutu. Da na yi masa bayani sai ya ce rediyon jirgi ba na wasan kwamfuta ba ne, in koma bakin aikina.

Na san wannan takardar za ta kwana goma sha huɗu a aljihuna kafin ta tafi. Magana zarar bunu ce. Fatana ɗaya, taurin kan nan naki da nake kuka da shi ya hana ki bin maganata.

Yayanki

*

Daga gida, Alhamis, 27 ga wata

Yaya,

Muna lafiya, yara suna gaishe ka. Baba yana cin abinci, yana shan magani. Iyakar abin da zan iya cewa game da jikinsa ke nan.

Na bi umarninka. Kwana uku na yi ina jan ƙafa, ina kallon Baba yana kai lodi garin bakin teku yana dawowa, ni kuwa maganar garar nan tana ci na. Duk lokacin da wasan ya ɗan yi jinkirin buɗewa sai in ce shi ke nan, garar ta fara. Ranar Asabar da safe, yana wanka, na zauna na goge furofayil ɗin. Manajan ya tambaye ni ko na tabbata. Na ce ai Yaya ya tabbata, na danna. Na buɗe sabo, na jera goma sha bakwai ɗinka ba ƙari ba ragi. Wasan ya tashi lafiya lau, ya ce in rubuta sunan sabon direba.

Babu mota ko ɗaya, Yaya. Babu gareji. Taswirar duk ta koma toka-toka kamar ba a taɓa taka ta ba. Na ɗauki kwamfutar a ka na kai wa mai gyara, ya wuni yana tono, ya ce irin faifan sababbin nan in an goge abu ya tafi ke nan. Tsohon faifan kuma tuni ya zubar.

Baba ya zauna a kujerarsa ya daɗe yana kallon allon. Ya ce, “Ina motocina?”

Na ce, “Ni na ɓata, Baba.”

Ban ambaci takardarka ba. Kada ka ɗauka don ina sonka ne, don a ranar ba na sonka ko kaɗan. Na dai san ko na faɗa, a idonsa kai ba ka kuskure, zai ce ni ce ban gane bayaninka ba. Bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Cewa kawai ya yi, “Da kin bar shi yadda yayanki ya tsara.” Ya sa aka miƙo masa tawul, ya lulluɓe kwamfutar da sitiyarin, ya ce kada wanda ya ƙara taɓawa sai makanikensa ya dawo. Na ce saura wata huɗu fa. Ya ce zai jira. Na roƙe shi ya fara sabo, ya ce shi ba zai koma direban haya da furfurarsa ba.

Kwana biyar ke nan yana ɗaki. Hannun yana kan cinyarsa a dunƙule yadda yake a farkon ciwon. Ƙwallon roba ma ya ce in ba yara.

Shekaranjiya na kasa haƙuri, na koma shafin nan na rubuta tambaya, ko gaskiya ne fayil ɗin haɗi yana cin ajiya. Mutum shida suka amsa. Suka ce shekara biyu ke nan kowa na amfani da shi, ba wanda ya taɓa jin haka. Ɗaya har ya tambaye ni wa ya gaya mini wannan tatsuniyar. Ban ce masa yayana ba ne, uwa ɗaya uba ɗaya.

Layin da na rubuta cewa bai tambaye ka ba, don hankalinka ya kwanta na rubuta shi, ka san ba ya zaune yana ƙirga kwanaki. Amma tunda ya ƙona maka rai, ga albishir. Yanzu kullum sai ya tambaye ka, safe da yamma. An daina kirana Injiniya, na koma Auta mai ɓarna. Kujerarka tana nan ba wanda ya hau, har tawul an rufa mata. Ka samu abin da kake so, sai ka ji daɗinsa.

Ƙanwarka

*

Daga cikin jirgi, Litinin, 31 ga wata

Auta,

Ina gaishe ki, in za ki amsa. Lafiyar jikina ƙalau. Takardarki ta zo, ta same ni da wata a aljihu da na rubuta mako biyu da suka wuce ina cewa kada ki goge. Zan haɗa miki da ita duk da ba ta da sauran amfani, don ki san na tuna, amma bayan aikin gama ya gama. Da na sani ƙeya ce.

Ba ki yi kuskuren komai ba. Kin ɗauki laifin da ba naki ba, ni kuma ba zan iya cin abinci da wannan a wuyana ba. Abin da ke ƙasa na Baba ne. Ki zaunar da shi ki karanta masa da ƙarfi, kada ki tsallake ko kalma ɗaya, kada kuma ki gyara mini.

Baba, Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana. Ɗanka ne ke magana. Gadar nan ba ta taɓa karyewa ba. Ni ne na kasa gane abin da ke kashe wasan a kanta. Na yi wata biyu ina juya jerin, na gaji, kunya kuma ta hana ni in ce maka na kasa, alhali kana kirana makanike a gaban mutane. Sai na ce maka ta karye. Shekara uku kana zagaye ta duwatsu saboda ƙaryata.

Da Auta ta gyara ta cikin wuni biyu, maimakon in yi murna sai baƙin ciki ya kama ni. Kishi na yi da ƙanwata, ba wani suna da zan ba shi. Na rubuta mata cewa gyaranta zai lalata maka ajiya, alhali ban taɓa ganin haka ba, ban ma taɓa jin labarin fayil ɗin ba sai a takardarta. Ni na umarce ta ta goge, na kuma tsorata ta da sunanka. Ban yi nufin motocinka su tafi ba, amma da na tsaya minti ɗaya da na tuna suna ciki. Ban tsaya ba, domin a lokacin ba motocinka nake tunani ba, sunan da ka sa mata nake tunani.

Ka yafe mini in za ka iya. Amma ko ba ka yafe ba, ina roƙonka ka cire tawul ɗin nan. Kada ka jira ni wata huɗu, hannunka ba zai jira ba. Wadda ta fi ni iya manajan tana gidan tare da kai.

Auta, shi ke nan. Ki mayar da jerinki yadda kika yi shi, lamba huɗu a ƙarƙashin goma sha ɗaya. Ki rubuto mini sunan fayil ɗin haɗin, ina so in koya.

Yayanki

*

Daga gida, Lahadi, 6 ga sabon wata

Yaya,

Na amsa gaisuwar, tunda gaisuwa ba a riƙe ta. Yara lafiya, maigidana yana gaishe ka. Labarin jikin Baba yana ƙasa.

Takardunka biyu sun zo tare. Ƙaramar na karanta a shago, na zauna a kan buhun ƙyallaye na yi kuka, ban san ko na haushi ba ne ko na tausayinka. Ranar Laraba bayan ya karya na shiga ɗakinsa na karanta masa babbar. Ban tsallake komai ba. A wajen kishin nan ma sai da na ɗan ɗaga murya, Allah ya yafe mini.

Na gama ina jira ya yi salati. Sai ya gyara zama ya ce, “Ai na sani.”

Na ce, “Ka san me, Baba?”

Ya ce, “Shekara talatin da ɗaya na yi a kan titi. Duk sanda na zo kwanar matatar mai ina hango tireloli suna hawa gadar nan suna sauka ta wancan gefen. Karyayyar gada tana ɗaukar tirela?”

Na ce to me ya hana shi faɗa. Ya ce, “Yaro ya yi wata biyu yana wahala dominka, sai ka dube shi ka ce ya kasa? Na bar kaza cikin gashinta.”

A nan ne raina ya ɓaci fiye da ranar da na goge furofayil. Na ce, “Shi ka rufa masa asiri shekara uku. Ni kuskure ɗaya, wanda ma ba nawa ba, ka lulluɓe kwamfuta ka daina kallon fuskata.” Ban taɓa yi masa magana haka ba. Har na fara nadama. Can ya ce, “Shi yana nesa, lallaɓa shi nake yi. Ke kuwa na san ko na ɓata miki da safe, da rana ke za ki kawo mini magani.” Har yanzu ban gane ko yabo ne wannan ko rainin wayo ba. Na tashi na fita, da rana kuma na kai masa maganin.

Bai ce komai a kan yafiya ba, ni ma ban tambaye shi ba. Ranar Juma'a da safe ina yanka wani yadi na ji shi yana jan kujera a falo. Da kansa ya yaye tawul ɗin. Na mayar da jerina, na sa fayil ɗin haɗi, sunansa yana bayan takardar nan. Wannan karon na kwafi ajiyar a filas biyu, ɗaya a shago ɗaya a jakata, kuma babu takardar da za ta zo daga teku ta sa in goge komai.

Ya rubuta sunansa a matsayin sabon direba. Suka ba shi wata farar mota ta haya da lodin buhunan siminti. Ya dube ta ya yi tsaki, ya ce ko a ƙuruciyarsa bai tuƙa mummuna irinta ba. Ya tayar, ya sa giya. Ƙofar fita daga garejin kwana ce mai tsanani zuwa dama, irin wadda a da yake sha yana hira. Ya kama sitiyarin, hannun hagun ya zame. Ya sake kamawa, ya sake zamewa. Mako biyun nan sun cinye abin da ya daɗe yana tarawa, Yaya. Sau uku yana gwadawa, gumi ya keto masa, ni kuma na yi kamar ina neman almakashi don kada ya ga ina kallo.

Daga ƙarshe ya ce, ba tare da ya juyo ba, “Zo ki riƙe mini nan gefen.”

Na jawo kujera na zauna a hagunsa. Haka muka fita daga garejin, shi da dama ni da hagu, muka goge wa mutane ƙofa muka hau titi. Minti ashirin ya yi ya ce ya gaji. Jiya ya yi ashirin da biyar. Likita ya ce hannun zai iya dawowa, zai iya kuma tsayawa a haka, sai dai a ci gaba da gwadawa. Na rage karɓar ɗinki, don tuƙin yanzu na mutum biyu ne.

Tawa yafiyar kuwa, ka ɗan jira tukuna.

Ƙanwarka